Waiwaye: Ranar da Na Yi wa Robux Lissafin Dala

A watannin kullen korona na 2020, lokacin da aka rufe makarantu yara suka cika gida har aka rasa wurin taka ƙafa, ɗan yayata ya kira ni cikin dare. Shekararsa 14 a lokacin. Murya na rawa ya ce, "Kawu, na fara samun kuɗi." Na ɗauka wani ɗan aikin ƙarfi ya samu a unguwa. Ashe wasa ya ƙera a Roblox da tsohuwar kwamfutar mahaifinsa, wasan tuƙa adaidaita sahu. Ka ɗauki fasinja, ka kauce wa ramuka da awaki, ka sauke shi kafin lokaci ya ƙure. Sai ya shafa wa keke ɗaya fentin zinariya, ya ce duk mai son hawansa ya biya Robux 50. Aka kuwa biya. Yawancin masu biyan ma ba su san Hausa ba, yara ne daga ƙasashen da su ma suke da keke mai ƙafa uku a titunansu, suka gan shi suka gane ɗan gida.

Ya ce ya tara Robux 4,000 da ɗoriya. Ni kuma, da yake a dangi ni ake ɗauka masanin lissafi, na buɗe shafin sayar da Robux na ga 800 a kan dala 9.99. Na ninka sau biyar. Kafin gari ya waye na riga na shaida wa mahaifiyarsa cewa ɗanta ya yi dala 50 yana zaune a ɗaki. Ta yi guɗa, ta gaya wa maƙwabciya. Sati bai zagayo ba na koma ina lashe amaina.

Ga wanda bai san wurin ba, Roblox ba wasa ɗaya ba ne. Fili ne da David Baszucki da marigayi Erik Cassel suka kafa a Kalifoniya ta Amurka, aka buɗe shi ga jama'a a 2006. Kamfanin ba ya ƙera wasannin da kansa. Yana ba ka kayan aiki kyauta, wato Roblox Studio, da yaren rubuta umarni da ake kira Luau, ya ɗauki nauyin manyan kwamfutocin da wasan zai zauna a kansu, kai kuma ka gina abin da ka ga dama. Tun 2007 kuɗin garin shi ne Robux. Da can akwai wani kuɗin na biyu, Tix, da ake ba kowa kyauta don kawai ya leƙo, amma aka soke shi a 2016. Tun daga nan, duk Robux ɗin da ke yawo a hannun yara asalinsa kuɗin gaske ne da wani ya zaro daga aljihu, galibi uba ko uwa.

Mai ƙera wasa yana da hanyoyi na sa a biya shi. Akwai tikitin da ake saya sau ɗaya ya zama naka har abada, irin keken zinariyar ɗan namu. Akwai kayan da ke ƙarewa a sake saya, kamar mai a tanki ko ƙarin rai. A 2020 kuma aka ƙara wani biyan da a lokacin yake bin tsawon lokacin da masu rajistar wata-wata suka ɓata a wasanka. A duk irin waɗannan da ka sayar a wasanka, kamfani na cire kashi 30 cikin ɗari, a zuba maka 70. Wannan ɓangaren yaron ya san shi, kuma bai dame shi ba. Abin da ni da shi ba mu sani ba shi ne ƙofar fita.

Ƙofar sunanta DevEx, an buɗe ta a 2013, kuma ta nan ne kaɗai Robux ke komawa dala. Duk wanda ya taɓa zuwa Wapa a Kano ya san ɗan canji yana da farashi biyu, na saye da na sayarwa, kuma a ɗan ratar da ke tsakaninsu yake cin abincinsa. Idan ratar ta yi maka yawa sai ka matsa gaba wurin na kusa da shi. To a nan ɗan canjin guda ɗaya ne tal, shi ne kuma ya buga kuɗin. A wancan lokacin yana sayar maka da Robux ɗaya a kan santi ɗaya da ɗan wani abu, amma yana karɓarsa daga mai ƙera wasa a kan dala 350 duk Robux 100,000, wato kusan sulusin santi. Da na sake lissafi da wannan farashin, dala 50 ɗina ta koma 14. Ko 14 ɗin ma ba ta taɓuwa, domin a wancan lokacin sai ka tara 100,000 cif, kana da shekara 13 ko fiye, kana biyan rajistar wata-wata, ka cika takardar haraji, sannan a saurare ka. Daga baya an sauko da ma'aunin zuwa 50,000, aka kuma sauko zuwa 30,000.

Na zauna da biro na bi sawun dala goma ɗin da wani uba a wata ƙasa ya biya. Ta zama Robux 800. Ɗansa ya kashe su duka a wasanmu, aka cire kashi 30, saura 560. A farashin canji, 560 bai kai dala biyu ba. Ban kai ga wannan don in ce an yi wa kowa fashi ba. Idan ta waya aka yi cinikin, Apple ko Google sun riga sun yanki nasu kason, wanda ya kan kai kashi 30. Akwai kuɗin kwamfutocin da ke ɗauke da miliyoyin yara a lokaci guda, akwai albashin masu sa ido. Kamfanin ma, tun da ya shiga kasuwar hannun jari ta New York a Maris ɗin 2021, asara yake ta bayyanawa a rahotanninsa na shekara, ta 2023 ta haura dala biliyan ɗaya, a shekarar da ya biya masu ƙera wasanni sama da dala miliyan 740. Amma a watan Agustan 2021, lokacin da Quintin Smith na tashar People Make Games ya fitar da bincikensa a YouTube, ya kamanta Robux da takardun da kamfanonin haƙar kwal na Amurka ke biyan leburori da su a da, waɗanda ba sa sayen komai sai a kantin kamfani, na ji maganar ta zauna mini. Mai ƴan dubbai a asusu ba shi da inda zai kai su sai cikin gida: ya sayi talla ga wasansa, ko ya saya wa ɗan tsanansa hula.

Kuskuren lissafi abin dariya ne, an yi an wuce. Wanda har yau nake jin nauyinsa shi ne na biyu. Da na ga 100,000 can nesa kamar hasken Dala daga Wudil, sai ɗan kasuwan da ke cikina ya farka. Na ce da yaron, "Ɗana, kana wasa da sana'a. Keken kyauta ya cika gudu. Rage masa. Wanda ya gaji da jan jiki zai sayi na zinariya." Na ƙara da wata dabara da na gani a manyan wasanni: a sa akwati rufaffe, a biya Robux 25 a buɗe, wani ya samu sitika, wani madubi, ɗaya cikin masu yawa ya samu keke mai fukafukai. Har ina yi masa bayanin cewa mutum zai yi ta buɗewa don bai san a na nawa zai dace ba.

Mahaifiyarsa tana tankaɗe a gefe, ba ta taɓa riƙe linzamin kwamfuta ba. Ta ɗago ta ce, "Kai, tsaya. A biya kuɗi, ba a san abin da za a samu ba, wani ya ci wani ya faɗi?" Na ce, "Yaya, ai ba kuɗin gaske ba ne, Robux ne." Ta ce, "Da me ake sayen Robux ɗin?" Na yi shiru. Ta ce, "To caca ce. Kuma ƴaƴan mutane za ku koya wa. Ba a gidana ba." Ta koma kan rariyarta.

Daga baya na gano hukumar kula da caca ta Beljiyam ta riga ta yanke irin wannan hukuncin tun 2018 a kan akwatunan sa'a na wasannin bidiyo, bayan dogon bincike. Roblox ma yana wajabta wa mai sayar da irinsu ya rubuta wa mai saye yiwuwar samun kowane kaya, kuma a wasu ƙasashe a toshe su gaba ɗaya. Yaya ta isa can daga kan tabarmarta cikin minti ɗaya. Abin da ya ba ni kunya shi ne amsar da na ba ta. "Ba kuɗin gaske ba ne." Wannan ita ce ainihin aikin da kuɗin wasa ke yi a ƙwaƙwalwa, kuma ga ni babba da furfura a gemu ya yi mini shi sau biyu a wata guda. Da farko ya sa na ga dala 50 a inda 14 take. Sannan ya sa na daina ganin kuɗi kwata-kwata a inda uban wani yake zubar da guminsa. Yaro ɗan shekara tara da aka ce wa "Robux 25" ba ya jin zafin da zai ji da an ce ya miƙo takardar kuɗi daga aljihunsa. Kuma ana sayar da kuɗin ne a dunƙule, 400 ko 800, ta yadda kullum akwai ƴan canji da suka rage, ba su isa sayen komai ba, suna ta yi maka raɗa ka ƙaro. Ba a Roblox kaɗai ake samun irin wannan ba: a Disamban 2022 kamfanin Epic Games, masu Fortnite, ya amince ya biya dala miliyan 520 bayan tuhumar hukumar kasuwanci ta Amurka, miliyan 245 daga ciki don a mayar wa mutanen da tsarin maɓallan wasan ya sa su sayen abin da ba su yi niyya ba.

Akwati dai bai shiga ba. Amma shawarar rage gudun keke, wannan yaron ya bi ta, don girman Kawu. Kwana biyu na farko ciniki ya ɗaga, na yi ta cika baki. Sai tashar kekunan ta fara yin fayau. Waɗanda ba su da Robux, su ne mafi yawa nesa ba kusa ba, suka ga kekensu na tafiya kamar jakin da aka yi wa lodin yashi, suka danna alamar ba-na-so, suka tafi wani wasan. Akwai miliyoyi suna jiransu. Da suka tafi, masu keken zinariya suka rasa wanda za su wuce a titi su yi masa hon. Wa zai sayi babbar riga ya je Idi shi kaɗai a fili? Ni na ɗauki marasa biya a matsayin ƴan cin banza, ashe su ne kasuwar. Kuma da yake na'urar da ke tallata wasanni tana duba yawan masu dawowa da daɗewarsu, da mutane suka ragu sai ta daina nuna mu, da ta daina nuna mu suka ƙara raguwa.

Na koma na duba waɗanda suka yi nasara, abin da ya kamata in fara yi. Jailbreak, wasan ƴan sanda da fursunoni da Alex Balfanz da abokinsa suka fitar a 2017 yana gab da gama sakandare, har ya biya wa kansa karatu a Jami'ar Duke da shi, kana iya kwana kana buga shi ba ka kashe ko sisi ba. Adopt Me!, shi ma na 2017, ya yi shekara biyu yana tara jama'a kafin a kawo dabbobin da suka mayar da shi gagara-badau a 2019, ko da yake shi ƙwayayen da ake ƙyanƙyashewa a cikinsa, da Yaya ta gani, na san sunan da za ta ba su. Waɗannan ƴan tsiraru ne a ƙololuwa. A ƙarƙashinsu akwai tarin wasannin da ko mutum goma ba su taɓa shiga lokaci guda ba, kuma labarin Balfanz ake ba yaro idan ana so ya zauna ya fara gini.

Da aka koma makaranta, wasan ya kwanta. Robux ɗin da ya tara ya zuba rabi a talla, wadda ta kawo mutane na kwana ɗaya suka koma, sauran ya saya wa ƙaninsa kaya. Ko kwabo bai shiga banki ba. Abin da ya fita da shi daga ɗakin nan shi ne Luau, da sanin yadda ake farautar kuskure a layi na ɗari uku da ƙarfe biyun dare. Yanzu yana jami'a, yana kuma rubuta wa masu shaguna ƴan manhajojin lissafin kaya. Duk wanda ya kawo masa aiki, tambayarsa ta farko ita ce da wane kuɗi za a biya, kuma yaushe zai gan shi a asusunsa. Ya ce a wurina ya koya. Ban tabbata yabo ba ne.

A hutun sallar da ta wuce ya buɗe tsohon wasan don ya nuna wa ƙannensa. Kafin ya ba su ya shiga cikin rubutun, ya nemo lambar gudun keken da na sa ya rage, ya mayar da ita yadda take. Muna zaune sai ga wani baƙo ya shigo, Allah kaɗai ya san daga wace ƙasa, a keken kyauta. Ya ɗauki fasinja uku, ya buge akuya ɗaya, ya rubuta da Turanci yana tambayar ma'anar rubutun da ke bayan keken. Yaron ya juyo ya ce, "Kawu, yaya zan fassara masa adaidaita sahu?"