Christiane Taubira: Kujera ko Aƙida?

Ba a auna ɗan siyasa da daɗewarsa a kan kujera, sai da abin da ya tsaya a kansa. An haifi Christiane Taubira a 1952 a Cayenne, babban birnin yankin Guyana na Faransa da ke Kudancin Amurka, ta shiga Majalisar Dokokin Faransa a 1993. Ita ce ta jagoranci dokar 2001 wadda ta ayyana cinikin bayi da bauta a matsayin laifi a kan bil'adama.

A 2012 aka naɗa ta Ministar Shari'a. Bayan hare-haren Paris na 2015, Shugaba François Hollande ya nemi a riƙa ƙwace 'yancin zama ɗan ƙasa daga masu ƙasa biyu da aka samu da laifin ta'addanci. Taubira ta ga hakan zai raba Faransawa gida biyu, sai ta ajiye muƙaminta a Janairun 2016. Mai suka zai ce ta gudu lokacin tsanani. To amma ministan da ya kare dokar da zuciyarsa ta ƙi, jama'a ya yaudara. Bayan wata biyu, Hollande da kansa ya janye shirin.