Shekara biyar da Marvel ta cinye: wa zai biya bashin?

A ƙarshen fim ɗin Avengers: Infinity War na 2018, mugun nan Thanos ya ƙyasta yatsunsa, rabin masu rai a duniyar labarin suka zama ƙura. A Avengers: Endgame na 2019 an dawo da su, amma sai bayan shekara biyar. Waɗanda suka ɓace ba su ƙara ko kwana ɗaya a shekarunsu ba. Waɗanda aka bari kuwa sun yi makoki, sun share hawaye, sun ci gaba da rayuwa.

Masu kallo sun tafa, jarumai sun yi nasara. Sai dai duk marubucin da ya yanke lokaci a labarinsa ya ci bashi ne, kuma Marvel ba ta biya nata ba sai ɗan abin da ba a rasa ba.

A yi tunanin magidancin da ya buɗe ido ya tarar an raba gadonsa, gidansa yana hannun wani, matarsa ta yi aure har da goyo. A mazhabar Malikiyya, matar da mijinta ya ɓace takan jira shekara huɗu bayan ta kai ƙara wurin alƙali, sannan ta yi takaba ta wata huɗu da kwana goma. Shekara biyar ta zarce wannan wa'adi. Ke nan da a Kano ko Damagaram aka tsara labarin, ranar dawowar ce za ta zama mafarin rigima, ba ƙarshenta ba.

Fim ɗin da ya biyo baya, Spider-Man: Far From Home, abin dariya ya mayar da lamarin. An nuna 'yan badujalar makaranta suna bayyana kwatsam a tsakiyar filin ƙwallon kwando, ga ƙane ya wayi gari ya girmi wansa. An yi dariya, an wuce.

Inda aka ɗan taɓa gaskiyar lamarin shi ne a shirye-shiryen talabijin na 2021. A WandaVision, Monica Rambeau ta farka a asibitin da take jinyar mahaifiyarta, aka shaida mata cewa tsohuwar ta rasu shekara uku da suka wuce. A The Falcon and the Winter Soldier, banki ya hana Sam Wilson rance saboda ba shi da shaidar samun kuɗi na tsawon shekara biyar, alhali a shekarun ma babu shi a duniya. Shirin ya kuma nuna mutanen da aka tura sansanoni bayan masu gidaje na asali sun dawo. Nan ne naman labarin yake, amma ba a daɗe ba aka koma dambe da harbe-harbe.

A kwatanta da Interstellar na Christopher Nolan, wanda ya fito a 2014. A can, 'yan sama jannati sun sauka a wata duniya da ke kusa da baƙin rami, wato wurin da ƙarfin jansa ya kai ko haske ba ya kuɓuta. Awa ɗaya a wurin daidai take da shekara bakwai a doron ƙasa. Ba shaci-faɗi ba ne zalla: nazarin Einstein ya nuna cewa lokaci yana rage gudu inda ƙarfin ja ya yi yawa, shi ya sa ake daidaita agogon taurarin GPS da na ƙasa. Masanin da ya ba fim ɗin shawara, Kip Thorne, ya samu kyautar Nobel a 2017.

Ba lissafin ne ya sa fim ɗin ya zauna a zukata ba. Ɗan jinkirin da aka samu ya ci shekara 23, sai aka zaunar da Cooper gaban allo yana kallon saƙonnin da suka taru: ɗansa ya girma, ya yi aure, ya haihu, ya binne ɗa. Nolan ya tilasta wa jarumin da mai kallo su ɗanɗani kowace shekarar da ta salwanta.

Masu kare Marvel na cewa fim ne na nishaɗi, ba zaman kotun gado ba, kuma babu mai sayen tikiti don ya kalli rikicin takardun fili. Akwai ƙamshin gaskiya a nan. Amma babu wanda ya tilasta wa marubutan zaɓar shekara biyar. Da sun so sauƙi, da sun dawo da mutanen bayan mako guda. Sun zaɓi dogon giɓi don su girgiza mai kallo, sannan suka zame wa nauyinsa.

Ga masu kallo da dama, wannan giɓi ba almara ba ne. Wasu daga cikin ɗaliban Chibok da aka sace a Afrilun 2014 sun dawo bayan shekaru, wasunsu da 'ya'ya, wasu sun tarar iyayensu sun rasu. Haka wanda ya shafe shekaru a gidan yari yana jiran shari'a. Dawowa ba ta mayar wa kowa da kwanakinsa.

Darasin ya shafi marubutan Kannywood ma, waɗanda kan rubuta “bayan shekara biyar” a allo, a sauya wa jarumi mota, a shafa masa furfura, shi ke nan. Kafin a rubuta wannan layi, ya kamata a amsa tambaya uku: wa ya mutu a tsakani, wa ya gaji da jira, wa ya zauna a gurbin wanda ya tafi? Marubucin da ba shi da amsa gara ya bar agogo ya yi tafiyarsa.