Manomin rani da lasisin bindiga

A Kura da Bunkure, inda ruwan madatsar Tiga ke raya shinkafa da tumatir, manoman da ɓarayi suka ɗauke wa injin ban ruwa suna yawan tambayarmu hukuncin mallakar bindiga.

Shari'a ta halatta kare rai da dukiya. Bukhari da Muslim sun ruwaito shahadar wanda aka kashe yana kare dukiyarsa. Sai dai makami yana buƙatar izinin hukuma. Dokar makamai ta 1959 ta sanya lasisin bindiga mai baki biyu a hannun Sufeto Janar na 'yan sanda, na harba-ka-ruga kuma a hannun Kwamishina. Ko a 2022, da Gwamna Matawalle ya umarci Zamfarawa su mallaki bindiga, wurin 'yan sanda ya tura su.

Mun fi jin tsoron rigimar rabon ruwa da ta ɓarnar shanu, domin nan ne fushi ke rigan hankali, abokin faɗan kuma maƙwabci ne. Annabi (SAW) ya hana nuna wa ɗan'uwa makami. Wanda bai samu lasisi ba, kada ya saya a ɓoye. Manoma su tsara gadin dare da sanin dagaci da 'yan sanda.