Wankewar Kotu Ba Ƙarshen Labari Ba Ce

Maganar wannan mako da masu rubuta labarin kisan kai nake, kuma ba lallashi na zo yi ba.

A labaranmu, idan mai kuɗi ya yi kisa, hanya biyu kawai muka sani. Ko dai alƙali ya wanke shi, marubuci ya ce magana ta ƙare har abada, ɗan mamaci ya shiga wasa wuƙa. Ko kuma uwar mamaci ta garzaya kotun gaba, ta sharɓi kuka, alƙalai su tausaya mata su yanke hukuncin rataya nan take. Duka biyun ƙarya ne, kuma ƙarya mai cutarwa.

Ga abin da doka ta ce. Sashe na 36, ƙaramin sashe na 9, na kundin tsarin mulkin 1999 ya hana a sake gurfanar da wanda kotu ta wanke a kan laifi ɗaya, sai fa da umarnin kotun da ke sama. Wannan "sai fa" ita muke tsallakewa. Sashe na 243 kuma ya nuna cewa a shari'ar laifi, ɗaukaka ƙara daga Babbar Kotu hurumin wanda ake tuhuma ne ko hukumomi da mutanen da doka ta tanada, ƙarƙashin ikon Antoni Janar. Dangin mamaci za su iya kai koke ma'aikatar shari'a, su yi ta naci, amma ba su ke shigar da takardar ba.

An daɗe da warware wannan, kuma a Kano aka faro. A 1979 an tuhumi Nafi'u Rabi'u da kashe matarsa, Babbar Kotun Kano ta wanke shi. Gwamnati ta ɗaukaka ƙara. Kotun gaba ta sake auna shaidar likita da sauran hujjoji, ta rushe wankewar, ta same shi da laifin kisan da hukuncinsa bai kai na kisa ba, ta ɗaure shi shekara 4. Lauyoyinsa suka je Kotun Ƙoli suna cewa wannan shari'a biyu ce a kan laifi ɗaya. A 1980 kotun ta ƙi yarda, ta tabbatar da hukuncin, domin ɗaukaka ƙara ci gaban shari'ar farko ce, ba sabuwa ba.

Sai dai ƙofar ƙunci gare ta. Alƙalin farko shi ya ga shaidu ido da ido, ya ji inda murya ta yi rawa. Na sama takardu kawai suke karantawa. Saboda haka ba sa rushe hukunci don kawai da su ne da sun yanke wani daban. Sai an nuna musu cewa alƙali ya yi wa doka gurguwar fahimta, ko ya kau da kai daga hujjar da ke gabansa, ko ya cimma matsayar da ta yi hannun riga da shaidar da aka bayar. Inda kokwanto mai ma'ana yake nan daram, wanda ake tuhuma ke cin moriyarsa, ko da gari duka ya tsane shi.

Na san wani zai ce, "Malam, ƙagaggen labari ne, ba ajin lauyoyi ba." To, ka tuna da mai karanta ka a Kende, can ƙasar Bagudo. Lauya ya yi masa nisa, labarinka kuwa yana cikin wayarsa. Idan ka koya masa cewa bayan wankewa babu sauran hanya sai ramuwa, ka ɗora masa wuƙa a hannu. Idan ka koya masa cewa hawaye na juya hukunci, ka shirya masa baƙin cikin da zai sa ya yanke ƙauna daga kotu.

Kuma gaskiyar ta fi ƙaryar daɗin labari. A ce rikicin gona ya jawo kisa a Kende, Babbar Kotun Jihar Kebbi ta sallami wanda ake zargi. Kwana 90 doka ta bayar a ɗaukaka ƙara zuwa Sakkwato. Fayil na kwance a teburin wani jami'i a Birnin Kebbi, dattijo na sayar da buhun shinkafa don kuɗin mota, wanda aka sallama kuwa na leƙen hanyar Tsamiya, taku kaɗan ya faɗa ƙasar Benin. Wace ramuwar gayya ce za ta riƙe mai karatu kamar ƙirgen waɗannan kwanaki?

Kafin ka kai tauraronka gaban alƙali, ka shiga kotu ka zauna ko sau ɗaya, ƙofarta a buɗe take. Ka tambayi lauya. Wanda bai san gari ba, ba ya yi wa baƙo jagora.

Mai ja ya zo da hujja. Allah ya yi wa alƙalumanmu albarka.