Gajerun finafinan yaƙi: farfaganda jiya, taskar tarihi yau

Lokacin da jiragen saman Jamus suka fara ruwan bama-bamai a kan birnin Landan a ranar 7 ga watan Satumban 1940, ma'aikatar yaɗa labaran Birtaniya ta sa aka shirya wani fim na kimanin minti goma mai suna London Can Take It, domin jan hankalin Amurka, wadda a lokacin ba ta shiga yaƙin ba. A shekarar 1942 kuma, Humphrey Jennings ya fitar da Listen to Britain, wanda ba ya wuce minti ashirin.

Manufarsu ita ce ƙarfafa gwiwa, amma abin da ya fi daraja a cikinsu yanzu shi ne abin da ba a ɗauke shi da muhimmanci ba a wancan zamani: iyalai na shiga maɓoya da yamma riƙe da barguna, ma'aikata na ratsa ɓaraguzan gine-gine da safe domin zuwa aiki, mata na aiki a masana'antu suna waƙa. Littattafan tarihi sukan ba da labarin janar-janar da fagagen fama. Su kuwa waɗannan finafinai sun adana tufafin talaka da yanayin unguwarsa.

To sai dai kuma akwai buƙatar taka-tsantsan, domin mai kyamara yana ɗaukar abin da gwamnati ta amince ne. Ba a ganin gawawwaki. Hatta mutuwar mutane 173 a turmutsutsin tashar jirgin ƙarƙashin ƙasa ta Bethnal Green a 1943, hukumomi sun taƙaita bayani a kanta.

Wannan batu ya shafi ƙasar Hausa. A 1939 Birtaniya ta kafa sashen shirya finafinai na ƙasashen mulkin mallaka a ƙarƙashin William Sellers, wanda ya yi aikin kiwon lafiya a Nijeriya, kuma ta hanyar majigi aka riƙa nuna wa jama'a labarin yaƙin, yayin da dubban 'ya'yansu ke fafatawa a Burma.

Yawancin tsoffin faifan nan suna ajiye a ɗakunan tarihi na Birtaniya, wasu kuma tsufa na lalata su. Kamata ya yi jami'o'i da gidajen tarihi na Afirka su nemi kwafinsu, a haɗa su da abin da dattawa suka ji daga bakin tsoffin sojoji. Idan aka yi sakaci, jikokin waɗanda aka ɗauka a hoto za su rasa ganin fuskokin kakanninsu.