Littattafai Uku Don Hirar Dare

Iyaye, yaranmu na Sabon Gari da Fagge suna jin Hausa kamar jakin Kano, amma da yawa ba su saba karanta ta ba. Ga littattafai uku na taimako.

Na fari shi ne Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, wanda ya fito a 1934. Labarin yaro ne da aka sace, aka ƙetare Hamada da shi, uwarsa ta bi sawunsa har ta faɗa bauta. Ku gaya musu a Fagge irin waɗannan ayarin raƙuma suke sauka a zamanin da.

Na biyu, Kano Ta Dabo Cigari na Alhaji Abubakar Dokaji, 1958, tarihin birnin da muke zaune a bayan ganuwarsa.

Na uku, Baba of Karo, 1954. Wata tsohuwa Bahaushiya ce ta ba Mary Smith labarin rayuwarta: aure, kishiyoyi, da zuwan Turawa. Da Turanci yake, sai manyan yara su karanta, su fassara wa kaka.

Ku tambayi masu sayar da littattafai a kasuwar Sabon Gari. Bayan tuwon dare, shafi biyu sun isa. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.