A Buɗe Wa Na Ƙarshe Ƙofa



Kowace shekara, a wata Lahadi cikin watan Afrilu, ana yin wani tseren keke a arewacin Faransa mai suna Paris-Roubaix. Tun 1896 aka fara shi. A yini ɗaya ake gamawa, wanda ya faɗi yau sai dai ya jira baɗi. Tsawonsa ya kai kilomita 250, kuma fiye da kilomita 50 a ciki ba kwalta ba ce, tsofaffin hanyoyin gona ne da aka jera wa duwatsu. In an yi ruwa, taɓo ne. In ba a yi ba, ƙura ce. Tayoyi suna fashewa, hannuwa suna yin kanta, mutane suna zubewa. Ana ƙarasawa a filin tseren keke na garin Roubaix, kuma kyautar wanda ya zo na ɗaya ita ce dutse guda irin na hanyar. Mai haƙuri, in ji Hausawa, shi kan dafa dutse.

A 2018 Peter Sagan ne ya ɗauki dutsen. Amma mutumin da muke so mu duba shi ne Evaldas Siskevicius, ɗan ƙasar Lituweniya. An bar shi a baya nesa, har motar da ke kwashe waɗanda suka gaji ta riske shi. Ya ƙi shiga. Tayarsa ta yi faci, motar ƙungiyarsa kuma ta lalace, an ɗora ta a kan wata babbar mota. Ya hau ya ciro taya daga cikinta, ya ɗaura, ya ci gaba shi kaɗai. Ya iso Roubaix wajen awa ɗaya bayan Sagan, ya tarar an rufe ƙofar filin. Aka buɗe masa, ya shiga ya ƙarasa. A takardar sakamako ba a ba shi matsayi ba, domin ya wuce lokacin da doka ta tsayar.

Mu dai muna ganin dokar ba ta yi laifi ba, wanda ya buɗe ƙofar kuma ya yi daidai. Dole tsere ya kasance da iyakar lokaci, in ba haka ba ba za a buɗe wa jama'ar gari hanyoyinsu ba. Amma takarda tana auna sauri ne kawai. Ba ta da ma'aunin abin da ke sa mutum ya ci gaba da taka feda alhali ya san ba kyauta, ba tafi, 'yan kallo ma sun watse. Shekara guda bayan haka, a 2019, Siskevicius ya zo na tara a wannan tseren.

Wani zai ce wannan taurin kai ne, kuma wasan yana da haɗari. Gaskiya ne akwai haɗari. A wannan rana ta 2018 wani matashi ɗan Beljiyam, Michael Goolaerts, mai shekara 23, ya faɗi a hanya bayan zuciyarsa ta tsaya, ya rasu da daddare. Ba ma cewa kowa ya yi wasa da ransa. Shi ya sa muka yaba da abin da masu shirya tseren suka yi a 2024, da suka sa kwana kafin shiga dajin Arenberg domin a rage gudu, bisa roƙon masu tseren da kansu. Wanda jikinsa ya ce ya tsaya, ya tsaya. Siskevicius ba rauni ne ya same shi ba, latti ya yi. Kunyar latti kuwa ita ce ta fi fitar da mutane daga hanya.

Ku dubi kuma Mathew Hayman, ɗan Ostareliya. Yawancin shekarunsa ya yi su yana yi wa wasu hidima: ya tare musu iska, ya kawo musu ruwa, domin shugaban ƙungiya ya yi nasara. A 2016, yana da shekara 37, mako shida bayan ya karye a hannu, ya ci tseren a gwajinsa na 15. Wanda ya kayar a ƙarshe shi ne Tom Boonen, mai nasara sau huɗu. Da Hayman ya ajiye keke a gwaji na goma, ba wanda zai zarge shi.

A cikinmu akwai wanda ya rubuta jarrabawa sau uku, akwai wadda sa'o'inta suka gama makaranta suka bar ta, akwai mai koyon sana'a da har yanzu bai sami 'yanci ba. Mun iya yi wa na ɗaya guɗa. Da wuya mu tsaya jiran na ƙarshe, shi kuwa ya fi bukatar ya tarar da mutum a bakin ƙofa. In kai ne a baya, kada ka shiga motar nan don kunya. In kuwa ka riga ka iso, kada ka yi saurin sa kwaɗo.

Ubangiji ya ba mu ƙarfin ƙarasawa, da zuciyar jiran juna. Amin.